Tarihin Safiyuddini Al-Urmawi, Malamin Bagadaza Mai Auna Amon Tsirkiya

A cikin malaman da suka yi zamani a Bagadaza gab da faɗuwar daular Abbasiyawa akwai wani wanda a ke kira Safiyuddini Abdulmumini ɗan Yusufu ɗan Fahiru, an fi saninsa da Al-Urmawi. Masanin fiƙihu ne, gwanin alƙalami ne, shi ne kuma ya tsara ilmin musiƙa, watau ilmin auna amon kiɗa da waƙa, bisa wani tsari wanda malaman Larabawa da na Farisa da na Turkawa suka bi shekaru ɗaruruwa bayansa. Ya ga daula iyakar daula, ya ci albashin dinari dubbai a hannun sarakuna, ya ga ranar da aka ci Bagadaza da yaƙi, daga ƙarshe ya rasu a tsare saboda bashi.

Asalinsa da karatunsa

An haife shi wajen shekara ta 613 daga Hijira, wadda ta yi daidai da 1216 ta Miladiyya. Nasabarsa tana komawa ga Urmiya, wani gari a arewa maso yammacin ƙasar Farisa, kusa da wani babban tafki mai ruwan gishiri. Tun yana saurayi ya zo Bagadaza neman ilmi, ya karanta Larabci da adabi da tarihi, ya kuma lizimci koyon rubutu.

A zamanin nan Halifa Mustansiru ya gina wata babbar makaranta a bakin kogin Dijla, aka sa mata suna Mustansiriyya, aka buɗe ta a shekara ta 631 (1234). A cikinta a ke karantar da mazhabobi huɗu, ko wace da nata sashe, ginin kuwa yana nan tsaye har yau. Nan Safiyuddini ya karanta fiƙihu bisa mazhabar Shafi'iyya, ya haɗa da ilmin saɓanin mazhabobi.

Abin da ya fara fito da sunansa shi ne kyawun hannu. Sa'ad da Musta'asimu ya hau halifanci a shekara ta 640 (1242), sai ya kafa taskar littattafai a fadarsa, aka nemo gwanayen rubutu don juyar littattafai, Safiyuddini yana cikin waɗanda aka zaɓa. A cikin waɗanda a ke lissafawa almajiransa a fannin alƙalami akwai Yaƙutu Musta'asimi, wanda ya rasu a 1298, wanda ya shahara da fiƙe bakin alƙalami a karkace. Alƙur'anan da Yaƙutu ya rubuta da hannunsa suna cikin abubuwan da a ke taƙama da su a taskokin Istambul da Tehran.

Yadda ya shiga majalisar Halifa

Ban da rubutu, Safiyuddini ya ƙware ga kaɗa udu. Udu kuwa wani abin kiɗa ne ɗan'uwan molo da garaya, sai dai cikinsa na katako ne mai faɗi, wuyansa gajere. Halifa bai san shi da wannan ba, da rubutu kaɗai ya san shi. Masu tarihi sun ruwaito cewa a fada akwai wata zabiya mai suna Luhazu, wadda ta ke ɗaukar karin waƙa a wurinsa. Ran nan ta rera wani kari a gaban Halifa, ya ji daɗinsa ƙwarai, ya tambayi wanda ya tsara shi, ta faɗi sunan malaminta. Aka kirawo shi, ya kaɗa udu a gaban Halifa, daga ranar ya zama ɗan majalisa, aka yanka masa dinari 5,000 a ko wace shekara.

Malamai sun daɗe da saɓani a kan hukuncin kiɗa da saurarensa. Waɗansu sun hana, waɗansu sun halatta da sharuɗɗa, kamar yadda Imamu Gazali ya yi bayani a wani babi na Ihya'u. Amma ilmin musiƙa, a wurin hukama'u, reshe ne na lissafi. Sun kasa ilmin lissafi kashi huɗu: ƙidaya, da awon fili, da ilmin taurari, da musiƙa. Al-Kindi ya yi rubutu a kansa, Al-Farabi wanda ya rasu a 950 ya yi masa babban littafi, Ibn Sina wanda ya rasu a 1037 ya ba shi babi a cikin Kitabus Shifa'i. Abin da ya bambanta Safiyuddini da mafi yawansu shi ne ya haɗa lissafin da aikin hannu. Abin da ya auna a takarda ya kan gwada shi a tsirkiya, abin da ya ji mawaƙan Bagadaza suna yi ya kan neme shi a lissafi.

Awon tsirkiya

Tun kafin a ci Bagadaza ya rubuta wani ɗan littafi mai fasali 15, ya sa masa suna Kitabul Adwari, watau littafin da'irori. Tushen littafin duka a kan tsirkiya ɗaya ya ke. Ya sa wa bakinta na sama harafin alif, na ƙasa harafin mim, sa'an nan ya shiga rabo.

Don abin ya fito sarai, a ƙaddara tsawon tsirkiyar yatsa 36 ne. In aka kaɗa ta a sake, ta kan ba da amo guda, shi ne amon alif. In aka danne ta a tsakiya, yatsa 18 kaɗai ke rawa, sai a ji amon farko ya komo da siririyar murya, kamar yadda babba da yaro su kan rera kari ɗaya, muryar yaro tana bisa, amma kunne ya ji abu guda ne. Nisbar wannan ita ce 2 ga 1, ita ce mafi dacewar tazara duka, malaman fannin suna kiranta zul kulli. In aka danne a sulusi, saura 24, nisba ta zama 3 ga 2, sunanta zul hamsi. In aka danne a rubu'i, saura 27, nisba ta zama 4 ga 3, sunanta zul arba'i. Waɗannan uku su ne manyan tazara masu dacewa, waɗanda kunne ke karɓa ba da gardama ba.

In kuwa aka danne a tusu'i, watau kashi ɗaya cikin tara, saura 32, nisba ta zama 9 ga 8, a ke ce mata ɗanini. Mai lissafi zai lura cewa tsakanin 27 da 24 ma nisbar 9 ga 8 ce. Ashe ke nan ɗanini shi ne bambancin da ke tsakanin zul hamsi da zul arba'i. In aka ɗebe ɗanini biyu daga cikin zul arba'i, sai wani ɗan guntu ya rage, nisbarsa 256 ga 243, saboda haka a ke kiransa baƙiyya, watau ragowa. In aka ɗebe baƙiyya biyu daga cikin ɗanini, sai wani ɗan ƙanƙanen abu ya rage, wanda da ƙyar kunne ke rarrabe shi.

Da wannan ya gina matakalarsa. Ko wane ɗanini ya ƙunshi mataki uku, watau baƙiyya biyu da ɗan ƙanƙanen nan. Zul arba'i ya ƙunshi ɗanini biyu da baƙiyya, mataki bakwai ke nan. Zul kulli kuwa ya ƙunshi zul arba'i biyu da ɗanini ɗaya, bakwai da bakwai da uku, jimla 17. Wannan rabo na mataki 17 shi ne abin da aka fi tunawa da shi a kansa har yau.

Sa'an nan ya raɗa wa ko wane amo suna da haruffan abajada, irin waɗanda ko wane almajirin hisabi ya sani. Alif ɗaya, ba biyu, jim uku, dal huɗu, haka har ya goma, sa'an nan ya da alif goma sha ɗaya. Ɗanini ya faɗa a kan dal, zul arba'i a kan ha ƙarami, zul hamsi a kan ya da alif, tsakiyar tsirkiya kuwa a kan ya da ha ƙarami, watau 18. Daga nan a ke sake hawa na biyu har a kai lam da ha kuri, watau 35. Ko da ya ke abajadar mutanen Gabas ta saɓa da ta Magariba wadda a ke karantawa a ƙasar Hausa, saɓanin bai fara ba sai daga 60, saboda haka haruffan littafin nan daidai su ke da na allon almajirin Kano ko na Katsina.

Dacewa da rashin dacewa

Sanin matakala bai isa a tsara kari ba, kamar yadda sanin babbaƙu bai isa a ce mutum ya iya karatu ba. Saboda haka ya bayyana yadda a ke jeranta amo bayan amo har su dace. Ƙananan tazarar da a ke gina kari da su uku ne: ɗanini mai mataki uku, da mujannabu mai mataki biyu, da baƙiyya mai mataki ɗaya. Ya kuma faɗi abubuwan da ke kawo rashin dacewa, a cikinsu akwai jeranta baƙiyya biyu a jere.

Ya sami hanya bakwai ta cika zul arba'i. Ɗanini, ɗanini, baƙiyya, wannan shi ne na Usshaƙu. Ɗanini, baƙiyya, ɗanini, na Nawa. Baƙiyya, ɗanini, ɗanini, na Busaliku. Ɗanini, mujannabu, mujannabu, na Rastu. Duk wanda ya ƙidaya zai ga ko wanne mataki bakwai ne cif, wurin zaman tazarar kaɗai ya sauya, amma a kunne ko wanne da nasa ɗanɗano. Ya kuma sami hanya 12 ta cika zul hamsi. In aka ɗora ko wace ɗaya daga cikin 12 a bisa ko wace ɗaya daga cikin bakwai, sai a sami 84. Ko wace ya kira ta da'ira, domin amon ƙarshe ya kan komo ga na farko, daga nan littafin ya sami sunansa.

A cikin da'irorin nan ya nuna 12 waɗanda mawaƙan zamaninsa suka fi aiki da su, su ne Usshaƙu, Nawa, Busaliku, Rastu, Iraƙu, Isfahanu, Zirafkandu, Buzurku, Zankula, Rahawi, Husaini da Hijazi. Ya ƙara da waɗansu shida da a ke kira awazat. Waɗansu daga cikin sunayen nan, kamar Rastu da Hijazi, har yanzu mahaddatan Masar suna kiran muryoyin tilawa da su, ko da ya ke awonsu ya sauya da tafiyar zamani. Ya kuma yi magana a kan abin da ko wace da'ira ke haifarwa a zuciya. Usshaƙu da Nawa da Busaliku suna ta da jaruntaka, ya ga kuma sun dace da ɗabi'ar Turkawa da Habashawa da Zanju da mazauna duwatsu. Rastu da Iraƙu da Isfahanu suna kawo nishaɗi. Buzurku da Rahawi da Zirafkandu suna jawo baƙin ciki da karayar zuciya.

Udun da ya bayyana yana da tsirkiya biyar, sunayensu bammu, maslasu, masna, ziru da haddu, tsakanin ko wace da mai bi mata zul arba'i ne. A wuyansa akwai ɗauri bakwai na zare inda yatsu ke sauka. Ya koya wa almajiri yadda zai ɗaure tsirkiya ya gwada ta da 'yar'uwarta, da yadda zai ɗauki kari ɗaya ya mai da shi wani mazauni, bisa ko ƙasa, ba tare da ya ɓata tazararsa ba.

Wajen awon bugu kuwa ya ari hanyar malaman aruli. Kamar yadda Halilu ɗan Ahmadu ya auna baiti da sababi da watadi da fasila, ya zuba su a da'irori, haka shi ma ya auna bugu da gaɓoɓin tan da tanan da tananan. Bugun da a ke kira saƙilul awwali, alal misali, ɗigo 16 ne, an kasa su uku, uku, huɗu, biyu, huɗu. A ƙarshen littafin ya rubuta waɗansu karuruwa, harafin amo a bisa, adadin tsawonsa a ƙarƙashi. Suna cikin mafi daɗewar karin waƙa da aka samu a rubuce a ƙasashen Musulmi.

Ranar da aka ci Bagadaza

Ana cikin haka sai Hulaku, jikan Jankiz Han, ya taso da rundunar Tatar, waɗanda a ke kira Mongol. Ya kewaye Bagadaza cikin watan Muharram na shekara ta 656, watau Janairu 1258. Ba a yi mako biyu ba birni ya faɗi, aka kashe Halifa Musta'asimu, halifancin Abbasiyawa a Bagadaza ya ƙare bayan ya yi shekara fiye da 500. Aka yi kwanaki ana kisa da ganima, aka ƙone gidaje da taskokin littattafai. Hulaku da kansa, a wata wasiƙa da ya aika wa Sarkin Faransa a 1262, ya ce waɗanda aka kashe sun haura 200,000.

Masu tarihi sun ruwaito cewa an rarraba unguwannin birni ga sarakunan yaƙi, ko wanne ya yi yadda ya ga dama da rabonsa. Da wanda aka ba unguwar Safiyuddini ya iso da dakarunsa, sai malamin ya fito ya tarye shi a matsayin babban unguwa. Ya shimfiɗa masa dardumai, ya kawo abinci cikin kwanonin zinariya da azurfa, ya sa aka yi masa kiɗa da waƙa, ya yi ta ba shi kyauta kwana da kwanaki daga dukiyarsa da ta maƙwabta. Da haka aka bar mutanen unguwar da ransu. Daga baya sarkin yaƙin ya kai shi gaban Hulaku, ya kaɗa udu, abin ya ƙayatar da shi, har ya yanka masa dinari 10,000 a shekara daga kuɗin Bagadaza, ninki biyu ke nan na abin da Halifa ke ba shi.

Zamansa da gidan Juwaini

Saboda saninsa na fiƙihu aka ɗora shi a kan lura da dukiyar hubusi, watau waƙafi, ta ƙasar Iraƙi, ya riƙe har shekara ta 665 (1267), sa'ad da aikin ya koma hannun Nasiruddini Ɗusi, mashahurin masanin taurari. A wannan zamani mulkin ƙasa yana hannun waɗansu 'yan'uwa biyu Musulmi daga gidan Juwaini. Shamsuddini shi ne babban waziri na sarakunan Tatar, Ala'uddini Aɗa Maliku kuwa shi ne hakimin Bagadaza, shi ne kuma ya rubuta tarihin yaƙoƙin Jankiz Han da harshen Farisa. Suka jawo Safiyuddini a jiki, suka ba shi shugabancin ofishin rubuta wasiƙun mulki a Bagadaza, waziri kuma ya danƙa masa tarbiyyar 'ya'yansa biyu, Baha'uddini da Sharafuddini Haruna.

Don Haruna ya rubuta littafinsa na biyu, Risalatus Sharafiyya, mai maƙala biyar, wajen shekara ta 1267. Ya fi na farko zurfi a lissafin nisba, a cikinsa kuma ya tattauna maganganun Al-Farabi da Ibn Sina, ya karɓi waɗansu, ya yi gyara ga waɗansu. Ya bi Baha'uddini zuwa Isfahan sa'ad da aka ba shi hakimcinta. Ana danganta masa ƙirƙiro kayan kiɗa biyu, nuzha mai kusurwa huɗu da tsirkiyoyi masu yawa, da mugni. An kuma ce ya tsara manyan karuruwa na nauba har 130.

Karayar arziki da rasuwarsa

Amma inuwar fada ba ta daɗewa wuri ɗaya. Baha'uddini ya rasu a 1279. Maƙiya suka yi ta kai sukar gidan Juwaini wurin sarakunan Tatar, Ala'uddini ya sha ɗauri da tara kafin ya rasu a 1283. Da Argun ya hau sarauta a 1284 sai ya sa aka kashe waziri Shamsuddini, a 1286 kuma aka kashe Haruna. Cikin shekara bakwai duk waɗanda Safiyuddini ya dogara gare su suka ƙare, shi kuwa ya ba saba'in baya.

An san shi da sakin hannu tun zamanin Halifa. Abin da ya shigo ya kan tafi ga walima da turare da kayan marmari da baƙi, bai yi tanadin komai ba. Da albashi ya yanke sai ya shiga cin bashi. Wani mai binsa dinari 300 ya kai shi ƙara, aka tsare shi. Kuɗin nan bai kai abin da ya ke samu cikin kwana 11 ba a zamanin Hulaku, amma ran nan babu shi, babu kuma wanda ya tsaya masa. A tsare ya rasu a Bagadaza cikin watan Safar na shekara ta 693, watau Janairu 1294, yana da shekara wajen 80 a ƙidayar Hijira.

Littattafansa kuwa suka ci gaba da tafiya hannu zuwa hannu. Ƙuɗubuddini Shirazi, wanda ya rasu a 1311, ya gina babin musiƙa na littafinsa Durratut Taji a kansu. A 1375 aka yi wa Kitabul Adwari wani babban sharhi da a ke dangantawa ga Maulana Mubarak Shah. Abdulƙadiri Maragi, wanda ya rasu a 1435, ya yi masa wani sharhin da harshen Farisa. Aka fassara shi da Farisanci da Turkanci, a 1938 kuma aka buga fassarar littattafan biyu da Faransanci a birnin Faris. Larabawa daga baya sun koma ga rabon mataki 24, amma duk mai neman asalin muƙamai a Gabas sai ya bi ta kan mataki 17 na Safiyuddini. Juye-juyen Kitabul Adwari na hannu suna nan da yawa a taskokin Istambul da Alƙahira da Tehran da Landan, da da'irorinsu da haruffan abajada a gefe.

Allah ya jiƙan Safiyuddini Al-Urmawi, ya gafarta masa, ya kiyashe bayinsa daga nauyin bashi da wulaƙancin tsufa, amin.